Matar Yaya da Kunyar Ɗan Fari

Ranar da muka kai matar Yaya makwancinta, gidanta na Funtuwa bai ɗauki jama'a ba, sai da aka shimfiɗa tabarmi har bakin hanya. Matan cocinmu suka zauna gefe guda suna waƙa ƙasa-ƙasa. Hajiyar da suke katanga ɗaya da ita, wadda ciwon ƙafa ya hana fita tun bara, ta sa aka riƙo ta har tsakar gida, ta zauna tana jan carbi tana share ido da bakin mayafi. Mutanen ƙauyenmu na bayan Malumfashi kuwa tun da hantsi suka sauka, da dammunan dawa da kaji, kamar masu zuwa biki. Kowa ya buɗe baki sai ya ce ba a taɓa yin Baturiya irinta ba. Wata ta tuna yadda take tuƙa tuwo babu gudaji, wata ta tuna yadda take durƙusawa ta gaida tsofaffi har gwiwa ta gaza mata. Amma duk inda zance ya zaga, wuri ɗaya yake sauka.

"Kunya dai an tahi da ita," in ji wata tsohuwa 'yar ƙauyenmu. "Mu da aka haifa a ciki ba mu kai ta ba. Ɗan farinta ga shi can waje, a tambaye shi in ta taɓa ɗaga ido ta dube shi."

Mata suka yi ta gyaɗa kai ana Allah sarki. Ni kuwa na san abin da suke yabo shi ne abin da ya fi komai cin ranta a duniya. Ta haifi ɗa, ta so shi son da ban taɓa ganin irinsa ba, shi kuma ya girma har ya aurar da 'ya'ya yana ganin uwarsa ba ta ƙaunarsa. Shi ya sa na ɗauki alƙalami. Ni ce ƙanwar mijinta, ni na koya mata Hausa, kuma ni kaɗai na rage cikin waɗanda suka ga farkon al'amarin. In na bi ta ban faɗa ba, abin da za a riƙa tunawa ke nan, Baturiya mai kunya, a manta da sauran.

Yaya ne ya jajibo mana ita. Mishan suka tura shi Jamus koyon aikin injuna ana gab da samun 'yancin kai. Muka yi ta zuba ido ya dawo da takardar shaida, sai ga shi da takardar, ga kuma mace a bayansa, doguwa, siririya, gashinta kamar na masara. Aka ba shi aiki a gidan gurzar auduga na Funtuwa. Ni lokacin ina sabuwar malamar firamare, ban daɗe da aure ba, gidana ba nisa da nasu, sai ya danƙa mini ita ya ce in mayar masa da ita 'yar gari. Tsakanin mace da ƙanwar mijinta kuwa an san wasa ne, na kuwa same ta yadda nake so. Amarya na sa mata, sunan ya bi ta har jikoki. Ita kuma Malama take ce mini.

Ban taɓa koyar da mai saurin ɗauka irinta ba. Ba kalma kaɗai take ɗauka ba, har da yadda mai maganar ya karkata wuya, da inda ya ja numfashi. Kafin damina ta zagayo tana ciniki a kasuwa da muryar matan Bakori, masu tumatir suna leƙa fuskarta su tabbatar. Da na tambaye ta asirin, ta yi dariya ta ce ai sana'arta ce. A ƙasarsu 'yar wasan kwaikwayo ce, a silima da talabijin. Ni a lokacin ko talabijin ɗin ban taɓa gani ba, silima kuwa sai majigin gwamnati da ake kawowa filin makaranta ana nuna mana feshin auduga. Na ce, "To, ashe 'yar majigi Yaya ya auro mana!" Muka rufe zancen a tsakaninmu, don in ya kai kunnen dattawan coci sai an yi zama a kansa.

Labarin sana'ar guntu-guntu na same shi, yawanci muna ɓarar gyaɗa a inuwar mangwaro. Tana 'yar budurwa yaƙin duniya ya ƙare. Bam ya cinye garinsu, ya tafi da uwarta da ƙanenta, uban kuma ya tafi fagen daga bai dawo ba. Ta ce wasanta na farko a wani zaure aka yi shi wanda rabin rufinsa ya zube, ana tsananin sanyi, kowane mai kallo ya zo da guntun gawayi, shi ne tikitinsa, a hura wuta 'yan wasa su iya motsa baki. Yunwar shekarun nan ba ta sake ta ba har ta mutu. Ba a zubar da loma a gidanta, ƙanzo ma sai ta kankare ta jiƙa, yaron da ya bar tuwo a kwano kuwa zai sha wa'azi.

Daga zauren nan masu silima suka gan ta. Ba ta taɓa zama tauraruwar da ake rubuta sunanta da manyan baƙaƙe ba, da bakinta ta faɗa. Ita ce 'yar aikin gidan attajiri, ita ce nas mai kawo mugun labari, ita ce ƙanwar jarumi da ke mutuwa kafin fim ya kai rabi. "Malama, na mutu ya fi a ƙirga," takan ce, "kuma kullum sai na tashi na ci abincin rana." Abin da aka fi nemanta dominsa kuka ne. In mai ba da umarni ya ɗaga hannu hawaye ya zubo, in ya sauke ya tsaya. A wurin aikin ma suka haɗu da Yaya. Ana neman baƙin mutum ya tsaya a bayan fage a matsayin ma'aikacin jirgin ruwa, aka je masaukin ɗalibai aka ɗauko shi. Ba a ba shi ko kalma ɗaya ba, tsayuwa kawai, amma ya yi ta ɓata musu aiki yana leƙen kyamara yana washe baki, har sai da ta ja shi gefe ta nuna masa inda zai ajiye idonsa. Da maganar aurensu ta fito, wasu masu ba ta aiki suka daina nemanta. Ta ce ko a jikinta, dama ta gaji da mutuwa.

Talabijin ta fi ba ta tsoro, ita kuma ta fi so. A zamanin, in ji ta, yadda ake wasan haka yake shiga gidajen mutane, babu a tsaya a sake. Rannan tana tsakiyar magana wata fitila ta faɗo ta ƙona mata hannu, ta nuna mini tabon, amma ta ci gaba kamar ba abin da ya faru har aka kai ƙarshe. Na ce, "Ke kuwa ko ihu ba ki yi ba?" Ta ce, "Ba a ce a tsaya ba. Mai umarni ne yake cewa an gama, ba ɗan wasa ba." Na ce lallai Jamusawa sai a bar su, muka ci gaba da ɓarar gyaɗarmu.

Sana'ar ba ta bar jikinta ba. Duk gidan da za ta shiga sai ta tsaya a zaure, ta ja numfashi, ta girgiza yatsu, ta gyara ɗaurin zane, sannan ta yi sallama. In mun kulle ƙofa takan yi mana malamin awon auduga, yadda yake lasar fensir yana hararar sikeli, ko fastonmu yana neman tabarau ɗinsa alhali yana goshinsa, mu yi ta dariya har ciki ya ƙulle. Samarin ƙauyenmu da za su yi kalankuwa, wasan nan na bayan girbi da ake kwaikwayon gwamna da di'o, wato Baturen mulkin yanki, da alƙali, wurinta suka zo ta gyara musu tafiyar Bature. Ta ce wa mai yin di'on ya daina buga ƙafa, mai mulki ba ya sauri, jiransa ake yi. Shekarar nan har daga Musawa aka zo kallo.

Akwai wata tsohuwa mai daddawa a ƙauyen, ba ɗa ba jika, danginta sun ƙare. Da ta mutu muna can. Aka taru za a fita da ita, wuri ya yi tsit, kowa na jiran wani ya fara. A wurin mutanenmu masu bin al'adar iyaye, a fita da gawa ba kuka abin kunya ne ga gari duka. Sai matar Yaya ta je ta durƙusa a bakin ɗakin, ta ɗora hannu a ka yadda ta ga ana yi, ta fasa kuka. Nan da nan mata suka kama, tsohuwa ta samu rakiya irin ta masu dangi. A hanyar komawa na zungure ta na ce, "Amarya, yau kin yi aiki." Ta ce, "Farkon ne aiki. Daga baya na tuna ban san inda aka rufe uwata ba." Muka wuce muka shiga mota.

Mahaifiyarmu, Inna, ba ta bi mu coci ba. Ta zauna a kan abin da ta tarar iyayenta suna yi, da gonarta, da rumbunta, da tukunyar giyarta ran kasuwa. Gajeruwa ce mai kaifin baki, ba ta tsoron fasto ba ta tsoron di'o. Da farko ta ƙi Baturiyar, ta ce wadda rana ke dafawa me za ta tsinana a gona. Amma da ciki ya tsufa ita ta ce a kawo mata ita, tun da ba ta da gidan iyayen da za ta je haihuwar fari. Namiji ta haifa. A ɗakin Inna ta yi wankan jego, ruwan zafi da ganye safe da yamma, ga kunun kanwa, ba ta ce uffan ba, har tsohuwar ta fara cewa ashe da mutum a cikin farar fatar nan.

A kan jaririn aka samu saɓani. A wurinmu mace ba ta nuna son ɗan farinta. Ba ta kiran sunansa, ba ta yi masa wasa a gaban mutane, ba ta zuba masa ido, in an yabe shi ta kau da kai. Matar Yaya kuwa ranar suna, gida cike, ta ɗaga jaririn sama tana sumbatarsa, tana kiran sunansa, tana yi masa waƙa da yarensu. Mata suka rufe baki da gefen zane, wasu suka fice. Na ja ta ɗaki na yi mata bayani. Ta saurare ni tsaf, ta ce komai na koya mata ta ɗauka, amma wannan kam ba za ta iya ba, ba ta kuma ga dalili ba. Ta koma Funtuwa da ɗanta ta ci gaba da abinta, tana tura shi a keken jarirai har kasuwa, duk wanda ya tsaya ta buɗe masa fuskarsa ya gani.

Ana gab da yaye shi ƙyanda ta shigo gari. Ta kwashi yara a unguwarsu, ta kama shi shi ma, ta sauka masa a ƙirji. Aka kwantar da shi a asibiti a Malumfashi, likita ya yi iyakar ƙoƙarinsa ya ce saura na Allah. Inna ta taho a ƙafa daga ƙauye. Ina wurin, a barandar asibitin, ta zo ta tsaya a kan surukarta da ke zaune a ƙasa.

"Kin gani ko?" in ji Inna. "Abin da kika ɗaga sama kina nuna ma duniya, ai ba mutane kaɗai ke kallo ba. Ni ma na yi irin taki. Akwai wani gaban mijinki, shi ne na fari. Haka na riƙa ɗaga shi ina yi mai dariya. Bai kai yaye ba."

Ban taɓa jin wannan labari ba sai ranar. Matar Yaya ta ɗago, fuska a kumbure. Na zaci za ta yi musu irin na masu ilimi, ta ce ƙwayar cuta ce ba ido ba. Sai ta ce, "Inna, ni ma duk wanda na so a fili an ɗauke shi. Gaya mini yadda zan yi."

"In ya tashi ki ba ni shi. Ki ɗauke idonki daga kanshi, ki ɗauke bakinki daga sunanshi. Ki yi kamar ba naki ne ba, sai ran da na ce maki ya isa."

"Na ji," ta ce.

Yaron ya tashi. Likita ya ce allura ce, Inna ta ce alkawari ne, ni dai ban raba musu gardama ba. Daga asibiti Inna ta goya shi ta nufi ƙauye. Matar Yaya ta hau motar Funtuwa ta zauna kusa da ni, ba ta waiwaya ba, har tana tambayar wata mata yadda gero ya yi a wajensu bana.

Wanda ya tayar da ƙayar baya Yaya ne. Shi Bahaushe shi ke cewa camfi ne, ita Baturiya ita ta tsaya a kan al'ada, abin dariya in ba a gidanku ake yi ba. Rigimar ta fi zafi lokacin da saƙo ya zo daga Jamus ana nemanta a wani dogon wasan talabijin, a matsayin uwar gida mai 'ya'ya, irin wanda ta yi ta fata tun tana can ba ta samu ba. Yaya ya ce ga hanya ta buɗe, ta ɗauki yaron su tafi, shi ya biyo su daga baya, a bar Inna da tsafe-tsafenta. Ina tsakar gidansu ina tankaɗe, ina jin su.

"Ɗanki ne fa!" in ji shi. "Ba ɗan Inna ba ne. Ni ubansa na ce ki je ki ɗauko shi."

"Ba kai ka ba ni aikin nan ba, Inna ce," ta ce. "Kuma yana da rai. Ka ga yana da rai ko ba ka gani ba?"

Yaya ya buga ƙofa ya tafi wurin injinansa. Ita kuma ta aika wa masu talabijin ɗin cewa ba za ta samu zuwa ba. Nan sana'arta ta tsaya, ba ta ƙara tsayawa gaban kyamara ba sai ta mai hoton biki. Sun daɗe ba sa cin abinci tare, daga baya ya gaji ya sauko, don ya san wadda ya aura.

Abin da ba ta yarda da shi ba shi ne, mu kunyar nan tamu tana da ƙofar baya. Ni ma ina da ɗan fari. A gaban mutane ko kallo bai ishe ni ba, amma in ɗaki ya zama daga ni sai shi, nakan jawo shi jikina in duba masa kai, in tura masa tsokar da na ɓoye ƙarƙashin tuwo. Kowace uwa haka take yi, kowane ɗa ya sani, faɗa ne dai ba a yi. Inna kanta na tabbata ba ta nufi abin ya wuce haka ba. Na gaya wa matar Yaya wannan ba sau ɗaya ba ba sau biyu ba, da wasa da faɗa. Ta ce, "Malama, ke 'yar gida ce, kin san inda ake sassautawa. Ni ban san wace sassautawar ce za ta kashe shi ba." Sai ta yi abin yadda ta iya aiki, ba ɓaraka, da mutane da ba mutane.

Duk ƙarshen wata muna zuwa ƙauye. A ƙofar gidan Inna tsayuwar nan tata ta jan numfashi ta fi tsawo. Ta shiga ta gaida Inna, ta tambayi gona, ta tambayi awaki ɗaya bayan ɗaya, ba ta tambayi yaro ba. In ya rugo ya faɗa jikinta sai ta miƙe a hankali ta ce za ta duba tukunya. Sai ya juya zai tafi take ɗago ido. Ƙeyarsa ta sani, da faɗin kafaɗarsa, da irin tafiyarsa. Da wannan kallon bayan take yanka masa riga ta ɗinka a kekenta, ba awo, kuma rigar ba ta taɓa yi masa yawa ko kaɗan ba. Ni nake kai rigunan. Yana yi mini godiya ina cewa ba ni ba ce, bai taɓa yarda ba. Yaron Inna take ce masa, shi kuma yana ce mata Amarya kamar kowa.

Ana cikin yaƙin basasa Inna ta faɗi a gonarta, lokacin cirar gyaɗa. Kafin a kawo ta gida bakinta ya rufe, kafin mu iso daga Funtuwa ta cika. Matar Yaya ta yi kukan da ya ba mutane mamaki, ana ta cewa dubi yadda take son surukarta. Tana son ta ɗin, ba ƙarya. Amma ni da na riƙe ta na ji abin da take maimaitawa. "Ba ta ce ya isa ba. Malama, ba ta ce ba."

Yaron ya dawo gidan ubansa ya shiga makaranta. Ƙannensa mata da aka haifa bayansa, waɗannan kam ta goya su, ta sumbace su, ta yi musu kitso tana waƙa, yana tsaye yana gani. Ya san kunyar ɗan fari, abokansa ma akwai 'ya'yan fari, amma ya san su ana tura musu tsoka a ɓoye. A falonsu akwai hotonta guda da Yaya ya rataye, daga wani fim, tana rungume da wani yaro Bature tana kuka a kan gashinsa. Rannan ya zo gidana daga makaranta ya ce, "Gwaggo, wane ne yaron da ke hoton Amarya?" Na ce ba kowa ba ne, ɗan wasa ne, ko sunansa ba ta riƙe ba. Sai ya ce, "Shi me ya yi ta rungume shi?" Na cika masa aljihu da gyaɗa na kore shi waje don kada ya ga idona.

Da ya girma na gaya masa komai, Yaya ma ya gaya masa. Ya ce labari ne mai daɗi, amma shi abin da ya gani ya gani. Ya yi karatu, ya kama aiki a Kaduna, bai taɓa gaza mata da komai ba, abinci, magani, gyaran gida. In ya zo ya durƙusa daga bakin ƙofa ya gaishe ta, ta amsa tana kallon tabarma, ya tashi. Haka suka yi ta yi, kowa na ladabi, ni ina kallo zuciyata tana ƙuna.

Yaya ya rasu, yayyenmu mata suka bi shi, aka wayi gari ni ce babba a zuriyar Inna. Jikoki suna tsokanata wai na koma Inna sak, gajartar da bakin da komai. Ciwon matar Yaya na ƙarshe bai yi tsawo ba, jiki ne ya gaji. Na tare a ɗakinta ina jinya. Wata safiya ɗan nata ya iso daga Kaduna, ya durƙusa a bakin ƙofa ya ce, "Amarya, ya jiki?" Ta juya fuska bango ta ce da sauƙi. Ya ɗan jima, ya tashi ya fita wurin maza.

Da ƙarar takalminsa ta ɓace sai ta juyo ta kafe ni da ido, ta daɗe a haka.

"Inna," ta ce.

Na waiwaya, ba kowa a bayana.

"Inna, na yi daidai?"

Har yau ban sani ba ko ciwo ne ya ruɗa ta, ko kuwa da hankalinta ta miƙo mini matsayin don ta ga lokaci ya ƙure. Ni dai ban taɓa wasan kwaikwayo ba a rayuwata. Amma na gyara zama, na ɗaure fuska, na nemo muryar tsohuwar nan daga inda take.

"Kin yi daidai, ɗiyata. Kin riƙe alkawari. Ga shi nan ya rayu, har da jikoki. Ya isa haka nan."

"Ya isa?"

"Na ce maki ya isa. Ɗanki ne, ki dube shi."

Na leƙa na sa aka kira shi. Ya zo zai durƙusa inda ya saba, na ce ya shigo ya zauna a bakin gado. Ya dube ni kamar na zautu, amma maganar Gwaggo ce, ya zauna. Ta ɗago hannu ta kama haɓarsa ta juya fuskarsa wajen taga. Ta bi ta da kallo a hankali, goshi, ido, hanci, yadda ake duba jariri ranar da aka haife shi. Shi kuwa ya ƙame, ko numfashin kirki ba ya yi. Can ta yi murmushi, irin na wanda ya ga abin mamaki.

"Yaushe ka yi furfura?" ta ce.

Dattijo da shi, sai ga kafaɗunsa suna rawa.

"An daɗe," ya ce. "An daɗe, Mama."

Na jawo musu ƙofa na fito tsakar gida. Ban san abin da suka ce ba bayan nan, ban kuma tambaya ba. Da aka kira azahar a masallacin unguwa yana ciki, da aka kira la'asar ma yana ciki. Kwanakin da suka rage mata ba su da yawa, bai kuwa koma Kaduna ba, shi ya riƙa ɗago mata kai yana ba ta kunu a baki.

Allah ya ji ƙanki, Amarya, ya ba ki hutu, kin yi aiki mai tsawo. Shi kuma Allah ya ba shi haƙuri, don duk cikinmu masu makokin nan babu wanda ya kai shi rashi. Mu mun daɗe muna da ke, shi a makon da ya samu uwa ya rufe ta.